Jinginar Gida a Banki: Nawa Ne a Wata, Nawa Ne a Ƙarshe?

Gabatarwa

Ma'aikatan gwamnati da dama in suka duba takardar albashinsu, za su ga wani ɗan layi mai haruffa uku, NHF, da 'yan kuɗin da ake cirewa a gabansa kowane wata. Wannan shi ne Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda gwamnatin soja ta kafa da Doka ta 3 ta shekarar 1992, aka kuma damƙa kula da shi a hannun Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wato FMBN. Ana cire kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikaci a zuba a asusun. Shi kuwa in ya yi wata 6 yana zubi, yana da damar neman rancen sayen gida ko gina shi, a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, ya biya cikin lokacin da zai iya kaiwa shekara 30.

A Kafanchan, inda na tashi, na sha jin manya suna musu a kan wannan rance, musamman malaman makaranta da ma'aikatan jinya. Wasu su ce bauta ce tsagwaronta, ka ci bashin gida ɗaya ka biya kuɗin gida biyu. Wasu kuma su ce ai abin da za a riƙa cira a wata bai taka kara ya karya ba. Duk ɓangarorin biyu gaskiya suke faɗa, sai dai kowanne lamba ɗaya yake kallo. Manufar wannan maƙala ita ce ta nuna inda lambobin biyu suke fitowa, da kuma wadda ta fi cancanta a ji tsoro a cikinsu a ƙasa irin tamu. Na san da yawanmu tun sakandare muka yi hannun riga da lissafi. To, mai karatu ya kwantar da hankalinsa, ba abin da za mu buƙata a nan da ya wuce tarawa da ninkawa.

Jingina iri biyu

Ni ba Hausa na sha a nono ba. Jju muke yi a gida, Hausa kuwa a kasuwa da filin ƙwallo na tsince ta, kuma kalmar jingina a bakin manoma na fara jin ta. Mutum ya shiga matsi, ko na rashin lafiya ko na kuɗin makaranta, sai ya karɓi kuɗi a hannun maƙwabcinsa ya ba shi gonarsa. Mai kuɗi zai riƙa noma gonar yana cin amfaninta har ranar da aka mayar masa da kuɗinsa. Kuɗin ba sa ƙaruwa, ba sa raguwa. Ko shekara 10 aka yi, abin da aka karɓa shi za a mayar, domin ribar mai kuɗi ta riga ta shiga rumbunsa.

Da wannan kalma ce masu fassara suke fassara kalmar Ingilishin nan da ake furtawa mogej, ko da yake wasu sun fi son su ce lamunin gida. Ita kanta kalmar Ingilishin aro ce daga tsohon Faransanci, ma'anarta matacciyar jingina, kuma a tsohuwar dokar Ingila ta yi kusa da tamu ƙwarai, wato jinginar da mai kuɗi ke cin amfanin ƙasa ba tare da bashin ya ragu ba. Amma ta bankin yau ta juya. Mai bashi shi ke zaune a gidan, banki takardar mallaka kawai yake riƙewa. Tun da ba ya cin amfanin gidan, sai ya ci nasa a kuɗin ruwa, kuɗin ruwa kuwa da lokaci ake auna shi. A nan ne wanda ya riƙe ma'anar gona a kansa yake rikicewa. A jinginar gona daɗewa ba ta ƙara maka ko kwabo. A ta banki kowane wata da ya wuce yana da farashinsa.

Yadda biyan wata yake fitowa

Bari mu ƙaddara cewa wata malamar firamare a Zonkwa ta samu rancen N5,000,000, kashi 6 cikin 100, shekara 30. Banki zai ce mata ta riƙa biyan N29,978 kowane wata, har wata 360. Wannan adadi ba ya sauyawa, amma abin da ke cikinsa yana sauyawa, domin abu biyu ne aka cusa a buhu ɗaya: kuɗin ruwa da uwar kuɗi.

Kashi 6 cikin 100 a shekara, in aka raba shi gida 12, ya zama rabin kashi 1 cikin 100 a wata. Rabin kashi 1 na miliyan 5 shi ne N25,000. Ke nan a watan farko, cikin N29,978 da malamar ta biya, N25,000 na ruwa ne, N4,978 kacal ne ya taɓa bashin. A wata na biyu bashin ya koma N4,995,022, don haka ruwansa ya ɗan sauka zuwa N24,975, abin da ya taɓa uwar kuɗi ya ɗan hau zuwa N5,003. Haka abin zai yi ta tafiyar hawainiya. Bayan shekara 10 cif, malamar ta biya kusan N3,600,000, amma in ta je ta tambayi abin da ake bin ta, za a ce mata kimanin N4,184,000. Wato a shekara 10 abin da ta rage daga bashin bai wuce N816,000 ba. Sai a cikin shekara ta 19 ne rabon uwar kuɗi yake fara fin na ruwa a biyan wata, rabin bashin kuwa ba ya biyuwa sai a shekara ta 21.

Mutane da yawa in suka ga haka sai su ce cuta ce. Ni ban ga cuta a nan ba, matuƙar an bayyana wa mutum tun farko. Ruwa a kan abin da ya rage ake lissafa shi, kuma a farkon tafiya kusan duk bashin ne ya rage. Abin da ya kamata a lura da shi shi ne, wanda ya yi niyyar sayar da gidan bayan 'yan shekaru, ko ya san za a iya yi masa canjin wurin aiki daga Kafanchan zuwa Birnin Gwari, kada ya ɗauka ya mallaki sulusin gida don ya yi sulusin shekarun.

In aka ninka N29,978 sau 360, za a samu kimanin N10,792,000. Ga hujjar masu cewa gida biyu ake biya: ruwan kaɗai N5,792,000 ne, ya fi uwar kuɗin.

Shekaru da yawan ruwa

Da malamar za ta zaɓi shekara 20, biyan wata zai zama N35,822, jimilla kuma kimanin N8,597,000. A shekara 15, biyan wata N42,193, jimilla N7,595,000. Mai karatu ya ga yadda lambobin biyu suke kamar guga biyu a igiya ɗaya, wannan na hawa wancan na sauka. Ƙarin N5,844 a wata ya rage mata shekara 10 na bashi, ya kuma bar mata sama da miliyan 2 a aljihu.

Sai dai zaɓin ba a hannunta kaɗai yake ba. Ƙa'idar da aka saba bi ita ce biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum yake samu. Don haka mai son biyan N29,978 sai albashinsa ya kai wajen N90,000. Wanda ke kan mafi ƙarancin albashi na N72,000 da jihar Kaduna ta amince da shi a 2024, sulusinsa N24,000 ne, abin da zai iya ɗauka kuwa bai wuce miliyan 4 ba, shi ma in an ba shi shekara 30 cur. Bugu da ƙari, ana duba shekarun da suka rage wa ma'aikaci kafin ritaya, wadda ga yawancin ma'aikatan gwamnati take zuwa a shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki. Mai shekara 45 shekara 15 ce ta rage masa, ke nan N42,193 ce tasa ko yana so ko ba ya so. Na san wani kawuna da ya yi shekaru ana cire masa kuɗin asusun bai taɓa tambayar amfaninsu ba, ranar da ya waiwayo kuwa shekarun aikinsa sun yi ƙaranci, biyan watan ya fi ƙarfinsa. Abin da ya rage masa shi ne ya jira ritaya ya nemi a mayar masa da zubinsa, wanda doka ta tanadi a biya da ruwa a kai.

Duk wannan a kan kashi 6 muke magana. Bankunan kasuwanci wata duniya ce daban. A watan Nuwamba 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin kuɗin ruwansa kashi 27.5 cikin 100, kuma daga wannan ma'auni bankuna suke ɗaukar haske. Mu ɗauki kashi 24 a matsayin misali, don ya rabu daidai, kashi 2 a wata. Ruwan watan farko kaɗai a kan miliyan 5 ya zama N100,000. A shekara 10, biyan wata N110,240 ne, jimilla kimanin miliyan 13.2. To, a ce mutum ya ga abin ya yi nauyi ya roƙi a ja masa zuwa shekara 20. Biyan wata zai sauka zuwa N100,870, sauƙin N9,370 ke nan, amma jimilla ta haura miliyan 24. Ya sayi sauƙin da bai kai dubu 10 ba da kusan miliyan 11. In ruwa ya yi yawa, tsawaita shekaru ba ya wani amfani, domin kusan duk biyan watan ruwa ne. Wannan na cikin dalilan da suka sa rancen gida na dogon zango bai yi saiwa a bankunan kasuwancinmu ba.

Akwai wani tarko da ke cikin kalmomi, kuma mu masu nazarin harshe ya kamata mu riga kowa ganinsa. In aka ce “kashi 6”, kashi 6 na me? Na abin da ya rage, ko na abin da aka karɓa tun farko? In na farkon karɓa ne, ruwan miliyan 5 zai tsaya a N300,000 kowace shekara ko da an biya rabin bashin, a shekara 30 ya zama miliyan 9 maimakon miliyan 5.79. Ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata da ƙananan bankuna sukan yi amfani da wannan salo. Rancen shekara ɗaya da aka ce kashi 10 ne a wannan salo, ana biya wata-wata, in aka auna shi da ma'aunin abin da ya rage ya kusa kashi 18. Tambaya ce ta jimla ɗaya, amma mutane kan ji nauyin yin ta a gaban ma'aikacin banki mai ɗaure da laktaye.

Naira ta yau da ta gobe

Yanzu mu koma ga waccan jimilla mai ban tsoro, miliyan 10.79. A ganina ba ta kai yadda take tsorata mutane ba, dalili kuwa shi ne lissafin ya ɗauka nairar bana da ta shekara 30 masu zuwa duk ɗaya ne, alhali kowa ya san ba haka ba ne. Mafi ƙarancin albashi na ƙasa N18,000 ne a 2011, ya koma N30,000 a 2019, ya koma N70,000 a 2024. A ce wani ma'aikaci ya karɓi rancen miliyan 1 a 2011 a kan kashi 6 na shekara 30. Biyansa na wata N5,996 ne, wato sulusin mafi ƙarancin albashin lokacin. Zuwa 2024 biyan nasa yana nan a N5,996, amma bai kai kashi 1 cikin 10 na sabon albashin ba. Hauhawar farashi da ta cinye albashinsa a kasuwa, ita ce kuma ta cinye masa bashin. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta ce hauhawar ta kai kashi 34.8 cikin 100 a Disamba 2024. Wanda ke biyan ruwan kashi 6 a irin wannan shekara, mai ba da rancen ne ke asara, ba shi ba.

Ga kuma ɗaya gefen. Mafi yawan gidajen da na sani a Takau da Aduwan da Katsit ba da rance aka gina su ba. An sayi fili, bayan shekara biyu aka zuba harsashi, aka riƙa buga bulo kaɗan-kaɗan duk lokacin da adashi ya zagayo, har aka kai linta, aka jira kwano. Masu wannan hanya suna alfahari cewa ba su biya ruwa ba, kuma suna da gaskiya. Amma buhun simintin da bai kai N3,000 ba a 2019 ya haura N10,000 a wurare da yawa a farkon 2024, ga kuɗin haya da suke ta biya duk tsawon shekarun da ginin yake tsaye ba rufi, ga damina tana dukan bango. Wannan ma ruwa ne, sai dai ba wanda ya rubuta shi a takarda.

Amma fa wannan sauƙi yana da sharuɗɗa biyu. Na farko, ruwan ya kasance tsayayye. Yawancin rancen bankunan kasuwanci suna ɗauke da sharaɗin cewa banki na iya sauya ruwan in yanayin kasuwa ya sauya, kuma a nan hauhawar farashi ba ta taimaki mai bashi da komai ba, sai ma ta bi shi har cikin takardar. Na biyu, wanda ya fi muhimmanci, albashin ya ci gaba da zuwa. Jihohi da dama sun riƙe albashin ma'aikata na watanni a 2015 da 2016. A nan jihar Kaduna an sallami malaman firamare fiye da 21,000 bayan jarrabawar gwaji ta 2017. Duk wanda irin wannan ya faɗa wa yana da bashin gida a wuya, jimillar shekara 30 ba ita ce matsalarsa ba, N29,978 ta wannan watan ita ce. In biya ya tsaya, tara za ta hau, in ya daɗe kuma banki yana da ikon sayar da gidan ya cire kuɗinsa. Shi ya sa ni, da za a tambaye ni, a rancen kashi 6 na fi son mutum ya zaɓi shekaru masu yawa da biyan wata mai sauƙi, sa'an nan in ya samu sarari ya riƙa ƙari da kansa. Ƙarin N5,000 a wata a kan rancen malamarmu yana mai da shekara 30 ta koma 21, ya rage kusan miliyan 2 daga ruwan, kuma watan da aka shiga matsi ba wanda zai tuhume ta don ta fasa ƙarin. Sai dai ta tabbatar tun farko yarjejeniyar ba ta sa tara a kan biya kafin lokaci ba.

Kuɗin da ba sa cikin biyan wata

Kafin a ga ko sisin rance akwai kashe-kashe. Akwai kafin alƙalami, wato kason kuɗin gidan da ake so mai nema ya fara ajiyewa daga aljihunsa. Tun 2022 Hukumar Fansho ta Ƙasa ta ba ma'aikaci damar cirar har kashi 25 cikin 100 na asusun fanshonsa don wannan buƙata, ko da yake tuwon tsufansa ne yake ɗiba. Akwai kuɗin mai kimanta gida, da na lauya, da na rajista.

Babba a cikinsu ita ce takardar fili. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna, kuma ba a jinginar da filin da gwamna ya ba da shaidarsa sai da amincewarsa. A Kaduna hukumar KADGIS ke kula da wannan shaida. Filaye da yawa a kudancin jihar kuwa na gado ne, ko an saye su da takardar hannu a gaban mai unguwa da shaidu. Wannan takarda tana da daraja a gari, amma ba irin wadda banki ke karɓa ba ce. Saboda haka kuɗin awon fili da na fitar da shaidar mallaka su ma cikin farashin rancen suke, har da harajin fili na shekara-shekara da zai biyo baya.

Sai inshora, wadda akan ɗora wa mai bashi, ta gobara da ta rai. A nan ina roƙon duk ɗan Kafanchan ya karanta takardar da idon basira. Garinmu ya ga ƙone-ƙone a Maris 1987, ya sake gani a Afrilu 2011, lokacin da har kasuwa ta ƙone. Inshorar gobara ta gama-gari ba ta cika ɗaukar ɓarnar tarzoma ba sai an ƙara wannan sharaɗi musamman an biya kuɗinsa. Gida yana iya zama toka, bashin yana nan daram.

Ga 'yan'uwa Musulmi masu guje wa riba, tun da bankin Jaiz ya fara aiki a 2012 an samu wata hanya, inda banki ke sayen gidan, mai nema ya riƙa biyan haya yana mallakarsa sannu a hankali. Hukuncin ya bambanta, amma tambayoyin nan biyu suna nan, nawa ne a wata, nawa ne a ƙarshe, kuma shin hayar tsayayya ce ko ana sake duba ta.

Wanda ba shi da albashi

Duk wannan tsari an ɗinka shi ne a jikin mai albashin wata. Manomin citta a Kachia ko Kwoi yana iya samun kuɗin da ya fi na malamar Zonkwa a shekara, amma sau ɗaya suke zuwa masa, bayan an haƙe an shanya an kai kasuwa, banki kuwa sau 12 yake zuwa. In zai shiga irin wannan rance, dole ya ware N359,736 daga cinikin kaka ya ajiye, kada ya taɓa. A daminar 2023 cutar da ta faɗa wa citta ta ruɓar da gonaki a ƙananan hukumomin Kachia da Jaba da Kagarko da maƙwabtansu, manoma da yawa ko iri ba su fitar ba. Wanda yake gini kaɗan-kaɗan a wannan shekara, sai ya bar bulonsa a jibge ya jira baɗi. Wanda yake da jinginar banki kuwa, wata 12 na wannan shekara suna kansa, ga kuma kuɗin sabon iri da zai nema kafin damina ta sake faɗuwa.